Malam Dogon-Yini da agogon da ya tsaya ranar Laraba

Mahaifina mai gyaran agogo ne, Allah ya jiƙansa da rahama. Ya fi shekara 30 a kan ɗan teburi guda a Kasuwar Sabon Gari ta Kano, teburin da bai kai faɗin darduma ba, da akwatin gilashi a kansa, agoguna a rataye ciki kowanne da ƙarfen da yake nunawa. Ni ne ɗansa na fari. Wanda ya tashi a gidan da ake alkunyar ɗan fari ya san yadda abin yake: ba a kama sunanka, ba a yaba maka a gabanka, in an sayo tsire sai a miƙa wa ƙaninka a ce ya raba da "wancan". A duk zamana da shi sau ɗaya tak na ji sunana a bakinsa, kuma ba a wurin da zan so in ji shi ba.

Samarin da nake ji suna tambayar kuɗin mota zuwa Agadas su suka sa na zauna rubuta wannan, su da waɗanda suka dawo suka kasa komawa cikin mutane. Amma labarina ba zai faɗu ba sai na fara da na wani mutum da bai taɓa zuwa duniya ba.

Sunansa Malam Dogon-Yini, Baba ne ya ƙirƙiro shi. Tatsuniya aikin mata ce da tsofaffi, don haka bai taɓa buɗe baki da "ga ta nan, ga ta nanku" ba. In an ɗauke wuta bayan isha'i muka fito tsakar gida shan iska, sai ya gyara zama a tabarma ya ce wa ƙannena, "An yi wani mutum." Ni ina can gindin randa, wai ba da ni ake ba.

An haifi Malam Dogon-Yini a gindin Dala, in ji Baba, tun zamanin da ake rufe ƙofofin ganuwa da almuru. Uwarsa kaɗi take yi. Wata rana yana yaro ya ɗauki mazarinta yana wasa, ya ja zaren ya yi siriri ya yi tsawo, sai ya lura inuwar katanga ta tsaya cak. Da ya saki, ta ci gaba da tafiya. Daga nan ya gane yini ma zare ne, a ja shi ya yi tsawo, a murɗe shi ya gajarce. Fatake sun taso daga Gwanja da goro, rana na shirin faɗuwa ba su iso Ƙofar Kabuga ba, ga kuraye a daji; Malam ya ja zare, magariba ta jira har jakin ƙarshe ya shige. Mace ta kwana biyu a kan gwiwa, ya murɗe mata daren ya zama ƙiftawa da bismilla. Wanda yara suka fi so shi ne na ranar da 'yan gari suka yi masa cincirindo a azumin bazara suna roƙon ya rage musu yini. Ya ce, "To. In rage har da ladan?" Kowa ya sulale.

Labaran kan sauya daga dare zuwa dare, amma abu biyu ba sa sauyawa. Duk kamun da Malam ya ƙara wa wani, daga zaren ransa yake yanko shi, shi ya sa yana ɗan shekara 40 ya yi furfurar ɗan 100. Sannan zaren da ya riga ya naɗu a mazari ba ya warwaruwa. Sarki ya kira shi fada ya tsawaita masa ranar hawan salla. Yana can yana jan zare, uwarsa ta cika a gida. Ya dawo a guje ya tarar an kai ta. Ya kwana yana ƙoƙarin warware zaren jiya har yatsunsa suka yi jini, ko sili bai warwaru ba. A nan Baba kan yi shiru, can ya ce a je a kwanta.

Wani dare na manta ba da ni ake ba, na ce, "To Baba, ai kai ka ƙirƙiro shi. Ka sa ya iya mana." Bai waiwayo ba. Ya ce wa ƙanwata, "Gaya wa wancan, wannan ba aikin bawa ba ne, ko a labari."

Wani ƙanin Inna, ustazu ne, ya taɓa yi masa magana cewa irin wannan labari zai iya taɓa aƙidar yara. Baba ya ce Allah ya kwantar da Ashabul Kahfi shekara 309, suka farka suna cewa yini suka yi ko sashen yini. Mai lokacin ya riga ya nuna ikonsa a cikin Littafi. Nasa Malamin kuwa ƙarya ce da yara suka san ƙarya ce. Kawu bai gamsu ba, amma na sha ganinsa ya yi jinkirin tafiya gida in an fara.

Da rana Baba ba mai magana ba ne. Zai maƙala ɗan gilashi a ido ɗaya, ya buɗe bayan agogo, ya riƙa ciro ƙusoshin da ba su kai ƙwayar gero ba da hantsaki yana jera su a murfin gwangwanin madara, ya wanke kayan cikin da fetur. Akwai wani ɗan kewayayyen ƙarfe mai sifirin siriri kamar gashi, yana juyawa gaba da baya. "Zuciya" yake ce masa. Agogon da ya fi girmamawa shi ne Seiko 5, wanda alhazai kan sayo tsaraba daga Makka, mai nuna ranaku da Larabci. Ba ya cin batir. Motsin hannun mai shi ne ke ɗaure masa sifirin, in ka cire ka ajiye ba zai cika kwana biyu ba ya tsaya. Bugu 6 yake yi a daƙiƙa, Baba kan kara shi a kunne ya gaya maka ciwonsa tun bai buɗe ba. Irinsa ne a hannunsa, wani alhaji ya bar masa a madadin kuɗin aiki. Masu batir kuwa bai ɗauke su a bakin komai ba, wai dutse ne ke rawa a cikinsu. Daga baya na karanta na ga gaskiyarsa: ɗan dutsen ma'adini ne da ke karkarwa sau 32,768 a daƙiƙa.

Masu batir ɗin su suka fara rage masa aiki, wayar salula da ta shigo a 2001 ta ƙarasa. Aka daina tsayar da mutum a hanya ana tambayar "ƙarfe nawa?" Agogo sarkin aiki ya koma kayan adon ranar biki, aikin Baba ya koma sauya batir da maɗauri, naira 50, naira 100. Ni kuma na gama sakandare, na fara difloma kuɗi suka yanke, na koma tsaron shagon wani a kasuwar waya ta Farm Centre, ina kallon sa'o'ina suna juya kuɗi. Na fara jin kunyar teburin nan. In an tambaye ni sana'ar mahaifina sai in ce ɗan kasuwa ne.

A watan Maris na 2016 gobara ta tashi cikin dare a Kasuwar Sabon Gari, ta lashe shaguna masu ɗimbin yawa. In an tashi kasuwa Baba kan shigar da teburinsa shagon wani maƙwabci. Da safe muka tarar gilashin ya narke ya dunƙule da ƙarafa. Ba kayan aikinsa ne suka dame shi ba. Agogunan mutane 23 ne a cikin akwatin, amana. Littafin da yake rubuta su ya ƙone, amma a daren ya zauna da fitila ya sake jero su da ka a bayan wata tsohuwar kalanda, wane agogo kaza, wane agogo kaza. Ya ce zai biya. Wasu suka aiko cewa sun yafe, ya ce ya gode, zai biya.

A shekarar naira ta faɗi, kayan masarufi suka yi tashin gwauron zabi. Ana ɗora tukunya sau ɗaya a gidanmu, mutum kuma yana tara ɗari-ɗari yana biyan agogon da ya narke. Abin ya tsaya mini a wuya. Bayan Babbar Salla na ce zan tafi Libiya, an ce akwai aikin gini. Ya ce wa Inna, "Gaya masa ban yarda ba." Na miƙe na tsaya a kansa, na dube shi cikin ido, abin da ban taɓa yi ba, na ce, "Shekara 30 kana gyara wa mutane lokaci, naka lokacin ya wuce ba ka sani ba."

Kwanon da ke hannun Inna ya faɗi. Shi ko uffan bai ce ba.

Asubar da zan tafi ban yi masa sallama ba. Da na zo sa takalmi na ji abu a ciki: ɗan Casio baƙi na roba, an saita shi daidai. Ƙanwata ta leƙo ta ce wai Baba ya ce a gaya wa wancan, ba wanda zai kashe mutum a kan irin wannan agogon.

Daura, Kwangwalam, Matamaye, Damagaram, Tanut, sai Agadas. Daga nesa na hango hasumiyar masallacin ƙasa, ban samu shiga ba, don kulle mu aka yi kwana 9 a wani gida da suke ce wa geto. Nijar ta yi doka a 2015 da ta haramta safarar baƙin haure, a lokacin an fara kama direbobi da motocinsu, saboda haka namu ya kauce wa Dirku da rijiyoyin da aka sani. Mu 20 da 'yan kai a bayan Hilux, ƙafafu a waje, kowa ya rungume sandar da aka kafa tsakanin cinyoyinsa, jarkar ruwa a naɗe cikin buhu. Ba zan tsaya a kan sahara ba, wanda ya ratsa ta ya sani. Da muka shiga Libiya aka ce kowa ya ƙara awa ɗaya, don suna gaban Najeriya da awa guda. Na ƙi. Na bar agogona a lokacin Kano, in na duba in ce yanzu Baba ya isa kasuwa, yanzu yana alwalar la'asar. Mutumin da na ƙi yi wa sallama.

Wata 5 ina leburanci a Sabha. Kuɗi ba sa fita a bankunan ƙasar a lokacin, mai aiki ya ba ka rabi ya ce saura gobe. Na ce bari in ƙarasa Turabulus. Direban da muka biya ya sauke mu a wani gida mai doguwar katanga, ya karɓi kuɗi a hannun masu gidan a kan idonmu, ya ja motarsa. Gidan bashi ke nan, bashin da ba ka ci ba. Suka kwashe waya da takalmi da Casio. Baba ya yi gaskiya, ba su kashe ni a kansa ba. Wanda ya cire shi dariya ma ya yi, ya jefa wa wani yaro.

Ɗaki ɗaya ne, mu kusan 40, rufin kwano, babu taga. Makaroni sau ɗaya a yini, mutum 6 a faranti. Abin da ban taɓa zata ba shi ne rashin sanin lokaci ya fi yunwa cin rai. Mutum ya farka bai san ko barcin minti 10 ya yi ko na yini ba, sai ka ga ya fara magana shi kaɗai. Akwai wata 'yar huda a kwanon rufin, haske kan sauko ta ciki kamar kwabo ya riƙa tafiya a bango. Ni ɗan mai agogo, na samu ƙusa na kankare alamu: nan hantsi, nan azahar, nan la'asar. Na zama ladanin ɗaki, muna taimama a jikin bango.

Duk bayan 'yan kwanaki sai a fito da kai, a ba ka waya ka kira gida, a hau ka da duka da tiyo don na can su ji ihun. Naira 400,000 suka yanka mini. Lambar Inna na kira, amma Baba ne ya karɓe wayar. Ina cikin ihu na ji ya kira sunana, cikakkensa, wanda shi ya raɗa mini. Ya ce, "Ka yi haƙuri, ina nan ina nema." Aka fizge wayar. Kukan da na yi da aka mayar da ni ɗaki, mutane sun ɗauka na dukan ne.

Akwai wani yaro ɗan Tanut, bai wuce shekara 16 ba, zazzaɓi ya kama shi. Duk dare sai ya riƙa taɓa ni yana tambaya, "Yaya, gari ya kusa wayewa?" Wani dare na rasa amsar da zan ba shi, sai na ji bakina ya ce, "An yi wani mutum." Tun daga ranar Malam Dogon-Yini ya zama tuwon darenmu. 'Yan Gana masu Hausar zango suna fassara wa waɗanda ba sa ji. Da na Baba suka ƙare na shiga ƙirƙiro nawa: Malam ya bi ayarin gishiri daga Bilma, ya ja musu sanyin asuba har suka isa rijiya; Malam ya murɗe wa fursuna shekara ta zama mako. Ana dariya, ana gardama a kan nawa ya rage a zaren ransa.

Wani dare cikin azumi na karya dokar Baba. Na sa Malam ya kama bakin zaren ya ja, ya warwaru. Jiya ta dawo, shekaranjiya ta dawo, ya tarar da uwarsa zaune tana kaɗi. Ban tsaya nan ba, na sa ya warware wa duk wanda ke ɗakin, kowa ya koma safiyar da bai hau mota ba. Na yi tsammanin za a ji daɗi. Ɗakin ya yi tsit, can wani ya fara shessheƙa. Wani dattijo mutumin Tawa ya yi magana daga cikin duhu, ya ce, "Yaro, ka ɓata labarin. Da can muna iya yarda da shi." Aka kwana da yawa ba wanda ya ce a ci gaba. Yaron nan ɗan Tanut an fitar da shi wata safiya a cikin bargo, ba a dawo da shi ba.

Bayan salla, duk kiran da aka sa na yi Inna ce ke ɗauka. In ce ina Baba, ta ce ya tafi masallaci. Wani kiran ta ce yana barci. Wani ta ce ya fita nema. Muryarta ko rawa ba ta yi.

A watan Satumba kuɗin suka cika ta hannun wani ɗan kasuwa, aka watsar da ni a bakin titi. Na lallaɓa Turabulus, aka yi kame, na sake samun kaina a tsare, wannan karon a wurin ajiye baƙin haure. A watan Nuwamba na 2017 tashar CNN ta nuna hoton bidiyon da ake gwanjon mutane a Libiya, duniya ta ɗauka, aka ƙara yawan jiragen mayar da mutane gida. A Janairun 2018 hukumar kula da ƙaura ta duniya, IOM, ta sa mu a jirgi zuwa Legas.

Na shigo unguwarmu da la'asar sakaliya da leda ɗaya a hannu. Wata 15 ina tsara maganar da zan yi: zan durƙusa tun daga zaure, ba zan ɗago ba sai ya ce ya yafe. Dattijon da ke zama a ƙofar masallaci ya miƙo mini hannu ya ce, "Sannu da zuwa. Ya ƙarin haƙuri?" Na ce, "Haƙurin me, Baba?" Ya dube ni, ya gane, ya sunkuyar da kai.

Ranar Talata ce, 13 ga Yunin 2017, cikin goman tsakiya na azumi. Ya faɗi bayan azahar a hanyarsa ta dawowa daga wurin dillalin da zai sayar masa da gonar gado. Hawan jini ne, ya daɗe yana ɓoye shi. Kafin magariba an kai shi. Wata 7 ke nan ina roƙa masa lafiya da tsawon rai yana ƙasa. Duk "ya tafi masallaci" ɗin nan, Inna tana cikin takaba take faɗa mini, don kada in karaya a hannun mutanen can. Ita da ƙannena suka ƙarasa cinikin gonar.

Ta ciro wani ƙulli daga adaka ta ajiye a gabana. Seiko ɗinsa ne, masu wanka suka cire suka ba ta. Ta ce, "Kwana guda ina jin shi yana bugawa a cikin adaka, sai ya yi shiru." Ya tsaya a ƙarfe 9 da minti 20, 'yar tagarsa na nuna Laraba, 14.

Na shige ɗaki na rufe. A raina ni na kashe shi, da bakina da kuma ihuna a waya. Dare ba barci, yini ya ƙi ƙarewa. Sai ni ma na samo mazarina: kwalbar maganin tari mai kodin. Ka sha da hantsi, ka buɗe ido an kira magariba. Ashe dokar farko ta Baba gaskiya ce har a waje da labari, daga zaren ranka ake yankowa. A watan Mayun 2018 gwamnati ta hana yin maganin da shigo da shi, kwalba ta yi tsada, na fara zarar 'yan kuɗin ƙosan da Inna ke soyawa a ƙofar gida. Wannan shi ne abin da na fi jin kunyar rubutawa, amma in na ɓoye shi labarin ba shi da amfani ga wanda ke cikin irinsa yanzu.

Ranar da ta kama ni da hannu a cikin gwangwaninta ba ta yi faɗa ba. Ta shiga ɗaki ta fito da kalandar nan. Suna 23, an soke 16. Ta ajiye alkunya gefe, ta dube ni ta ce, "Ga bashin ubanka. In abin da za ka yi masa kake nema, ga shi nan."

Ba a ranar na daina ba, kada in yi ƙarya. Limamin unguwa ya tsare ni bayan asuba ya karanta mini hadisin da ke cikin Sahihu Muslim, cewa in abu ya same ka kada ka ce da na yi kaza da kaza ne ya faru, ka ce Allah ya ƙaddara kuma abin da ya so ya aikata, domin "da" tana buɗe wa Shaiɗan ƙofa. Na san hadisin tun ina Islamiyya, na san da-na-sani ƙeya ce. Sani daban, jiki daban. Sai da ƙanina ya raka ni asibiti, na faɗa wa likita gaskiyar abin da nake sha da yawansa. Na yi makonni ina gudawa da ciwon gaɓɓai da zufa cikin sanyi. Na koma sau biyu kafin in tsaya. Wanda ke ciki ya nemi likita, kada ya ce zai iya shi kaɗai a ɗaki; ɗakin ne ma ciwon.

Shekara 2 na yi ina biyan mutum 7, da abin da nake samu a gyaran waya. Wani ya rasu, na ba magadansa. Wani ya manta ma da agogon. Na biyar a jerin wani tsoho ne a Fagge, abokin Baba tun suna samari. Ya ƙi karɓa, na ajiye masa a gefen tabarma. Ya daɗe yana kallona, sai ya ce, "Ya taɓa ba ku labarin mai zaren nan?" Na ce tun muna yara. Ya ce Baba yana saurayi ya gudu Ikko koyon gyaran agogo ba da yardar uwarsa ba. Ya shekara 3, ya dawo da kayan aiki da turmin atamfa, ya tarar ta wata 2 a ƙasa. Kaɗi take yi.

A gidanmu ba a taɓa faɗar wannan ba. Inna ma ta ce ita dai ta san surukarta ta rasu kafin aurensu.

Tsohon ya ce ranar da na tafi Baba ya zo ya zauna daidai inda nake zaune, ya ce, "Jinina ne." Na yi ta-maza na tambayi abin da ya kawo ni, na ce, "Baba, ya ce ya yafe mini?" Ya girgiza kai. Ya ce, "Wannan ban ji daga bakinsa ba, kuma ba zan yi wa mamaci ƙarya ba. Abin da na gani da idona, mutum yana yawo da takardar gona cikin rana da azumi a bakinsa." Iyakar abin da na samu ke nan. Wata rana yana isata, wata rana ba ya isa.

Agogon kuwa na kai shi can ƙasan akwati na ƙi taɓawa. Tsoro nake kada ya motsa, kamar in ya bar Larabar nan Baba zai ƙara nisa. Na yi aure a 2021, Allah ya ba mu 'ya mace. Ita ce ta fari, kuma ina kiran sunanta safe da yamma har Inna na cewa 'ya'yan zamani ba su da kunya. Tana da shekara 2 ta samu akwatin a buɗe, ta zaro ƙullin tana kaɗa shi kamar caki. Kafin in kai hannu na ji bugun. Na karɓe, na tsaya ina kallon siririn hannun yana tafiya. In na ajiye zai sake tsayawa cikin 'yan mintoci, na sani. Na ɗaura shi. Na zauna a bakin gado ban fita ba har hannayen suka haɗu a kan 12, lambar ta juya ta koma 15, can daga baya Laraba ta ba Alhamis wuri.

Yanzu ina da ɗan teburi a gefen shagon waya. Wani tsohon abokin sana'ar Baba ya koya mini abin da na ƙi koya a gida, kuma masu kawo agogo sun fi yadda na zata, yawanci na iyayensu ne suke so ya tashi. 'Yata ta fara jin labarin Malam Dogon-Yini, yadda Baba ya bar shi, ban ƙara komai ba. Seiko ɗin yana gudu, yana ƙara minti 2 a yini. Man cikinsa ne ya bushe, na san gyaran, na yi wa na mutane da yawa: a buɗe, a wanke, a ɗiga mai. Amma hannun Baba ne na ƙarshe da ya rufe bayansa, ban iya buɗewa ba tukuna. Duk Juma'a kafin in tafi masallaci sai in ja ɗan kan, in mayar da shi baya minti 14, in daidaita shi da waya.